Gayyar Toka

Azumin bana ya faɗo tsakiyar bazara, irin zafin nan da ko bango ka jingina da shi sai ka janye bayanka. Jiya da la'asar ina kwance a ƙofar ɗaki ina fifita, jikata Ummi na gefe da waya a hannu tana bitar jarrabawar fita sakandare. Sai na ji tana ta maimaita asid, alkali, asid, alkali. Can ta ɗago ta ce, "Hajiya, ku ma kun yi wannan a zamaninku, ko girki da ɗinki kawai aka koya muku?" Na ce mata Allah ya shirya wannan baki nata. Na yi dariya, amma dariyar ba ta kai ciki ba. Kalmar nan alkali ta ɗauke ni ta kai ni wani azumi mai zafi irin wannan, a shekarun tamanin, ina aji biyar na sakandare, ni ma ina bitar wannan darasi.

Garinmu ƙaramin ƙauye ne tsakanin Kura da Bunkure. Ina yarinya aka kawo mana kanal na ban ruwa, aka daidaita gonaki, aka mayar wa kowa rabonsa. Rabon Baba ya faɗa can wajen ƙarshen layi, a gangare, inda ruwa ke isa bayan ya ratsa gonakin kowa. Daga ƙasa da mu sai gonar yayansa, Baffa Sule. Tsakanin gonakin biyu masu aikin kanal sun haƙa magudana, wani dogon rami da ke kwashe ragowar ruwa ya kai shi rafi. To Baffa mutum ne mai iyali da yawa, kuma ba ya ƙaunar ya ga ƙasa tana zaune ba aikin fari. Ya dubi ramin nan ya ga asara ce. A hankali ya cike shi, ya tayar da kunyoyi a kai, ya dasa albasa. Ba wanda ya ga laifinsa, har yaba masa aka yi.

Damina biyu a jere ba ta yi mana kirki ba. Gero ya fito ya tsaya, dawa ta yi kai babu ido. Rumbunmu in ka leƙa sai ka ga gindinsa. Alkamar da Baba ya shuka da sanyi ta fito tsalli-tsalli kamar kan yaro mai makero, abin da aka samu bai kai mu ko'ina ba. Sai ya sa masarar rani, ita kaɗai ta rage za ta riƙe gidan zuwa sabon gero. Ya kuma faɗa wa Inna a gabanmu cewa in masarar nan ba ta yi ba, zai tafi kudu dako. Baba a lokacin furfura ta cika masa gemu, gwiwarsa ta hagu kuma in ya tsuguna sai ya dafa wani abu yake tashi. Duk gidan mun san abin da dako zai yi wa wannan gwiwa.

Ni kuwa makarantarmu ta kwana ta sallame mu hutun dole saboda abinci ya yi ƙaranci, aka ce mu dawo bayan Sallah mu zauna jarrabawa. Malamarmu ta kimiyya, Malama Rahila, Kirista ce 'yar Filato, Hausarta na da wani lanƙwasa da mukan kwaikwaya a bayan idonta. Ɗakin gwajinmu kwalabe ne a jere, yawancinsu babu komai a ciki sai ƙwari. Ba ta taɓa tsayawa kuka a kan haka ba. Kasuwa take shiga ta sayo tsamiya da lemon tsami da kanwa da zoɓo, ta sa mu ɗebo toka a kicin. A wurinta na san cewa duk abin da ke da tsami asid ne, kanwa da ruwan toka kuma alkali ne, su ne masu santsi a yatsa kamar sabulu. Ta koya mana mu tsinka zoɓo da ruwa sosai, in an ɗiga masa tsami ya ƙara ja, in an ɗiga masa kanwa ya juye ya yi duhu, kore-kore. Takan ce, "Ku 'yan Kano kun shekara kuna shan kayan gwaji ba ku sani ba."

Ranakun azumin iri ɗaya suke tafiya. Sahur ɗumamen tuwon jiya ne, Inna ta raba shi da ido, kullum nata ya fi ƙanƙanta tana cewa ba ta jin ci. Baba na yin asuba ya ɗauki fartanya da bututun robar da ake jan ruwa da shi daga kanal, ya tafi. Kafin hantsi rana ta riga ta zama wuta. Kaji su kwanta a gindin randa baki buɗe. Ni in shimfiɗa buhu a inuwar darbejiya in buɗe littafi, gumi na ɗiga a kan takarda, ina karanta yadda sukari ke narkewa a ruwa har ruwan ya ƙoshi ya ƙi karɓar ƙari, alhali rabona da sukari tun a makaranta. Da magariba kunun tsamiya ne, ruwa-ruwa, ba ƙosai. Yau Ummi in wuta ta ɗauke na ɗan lokaci sai ta ce ba za ta iya karatu ba, fanka ta tsaya.

Wata safiya Inna ta aike ni gona in tsinko lalo na miya a bakin kanal. Rabona da gonar tun hutun baya. Da na iso sai na tsaya. Masarar ta kai gwiwa, amma ganyenta ya yi rawaya, bakinsa a ƙone, ya naɗe kamar ta shekara ba ta ga ruwa ba. Ga shi kuwa ƙasar a jiƙe take, ƙafata har nutsewa take yi. A kan kunyoyin, inda rana ta busar, wani farin abu ya fito ya yi ɓawo, kamar an barbaɗa gari. Ina azumi ba halin ɗanɗanawa, sai na ɗiba na jiƙa da ruwa na murza a yatsa. Santsi. Irin na kanwa.

Na duba ko'ina. Na tona ƙasar da tsinke, babu tana ko ɗaya. Balbelu na can gonakin sama suna bin masu ban ruwa, ba wadda ta sauka a tamu. Abin da ke jin daɗi kawai kacalla ce, doguwar ciyawar nan ta fadama, ta fara leƙowa daga kusurwar da ruwa ke kwanciya. Malama Rahila ta sha gaya mana, in kuka ga masu rai suna ƙaura daga wuri, wasu baƙi na shigowa, ku fara tambayar ruwan wurin. Na ƙulle farar ƙasar a bakin mayafi na dawo gida, lalon ma kaɗan na tsinka.

Ina shiga na tarar da tsakar gida cike da murna. Baffa Sule ya aiko cewa ya kira wa Baba gayya. Ba gayyar noma ba, gayyar toka. A wurinmu in ƙasa ta gaji ko gara ta dame ta, toka ake zuba mata, kuma a gonakin tudu tana yin aiki, kowa ya shaida. Baffa ya bi gida-gida da kansa ya roƙi mata su daina zubar da tokar murhu, su tara wa ƙaninsa. Tun ranar aka fara kawowa. Wata a ƙwarya, wata a tsohon kwano. Gwaggo Delu, tsohuwar da ke tafiya a duƙe, ta kawo tata a fasasshiyar tukunya, ta ce ba ta da hatsin da za ta ba mu amma murhunta bai mutu ba. Inna ta karɓa da hannu biyu tana share hawaye. Ni kuwa ina tsaye da ƙullin mayafina, na san gonar nan kanwa ce ke cinta, kuma abin da ake tara mata ɗan'uwan kanwa ne.

Da yamma na jera kofunan silba a bayan ɗaki, na zuba tsinkakken zoɓo a kowanne. Na kira Inna. Na ɗiga ruwan tsamiya a ɗaya, ya yi ja. Na ɗiga ruwan kanwa a na biyu, ya yi duhu. Ruwan toka, ya yi duhu. Sannan na tace ruwan ƙasar gonarmu na ɗiga a na ƙarshe, shi ma ya yi duhu. Inna ta duƙa ta daɗe tana kallo.

"To ai da sauƙi," in ji ta. "Tunda tsami ke kashe kanwa, sai a jiƙa tsamiya a zuba."

"Inna, gona guda? Ko duk tsamiyar kasuwar Kura aka jiƙa ba za ta ji ba. Kuma in tsami ya haɗu da kanwa, gishiri suke haifarwa, yana nan zaune a ƙasar."

Ta miƙe ta goge hannu a zane. "Ni ba zan iya kai wannan magana ba. Ki bari Babanki ya sha ruwa, ki nuna masa da kanki."

Sunan mahaifiyar Baba aka sa min, don haka bai taɓa kiran sunana ba, Uwani yake ce min, haka ma Baffa. Bayan ya sha kunu ya yi sallah, na kawo kofunan gabansa kafin haske ya ƙare. Na durƙusa na ce, "Baba, gishiri ne ya yi wa gonar yawa."

Ya yi dariya har da buga cinya. A wurin manomanmu farin takin zamani shi ake kira gishiri. "Uwani, gishirin da bana ko ƙwaya ban samu ba? Ai da ya yi yawa da na gode Allah."

"Ba wannan ba, Baba. Wanda ke cikin ruwa, ido ba ya ganinsa. Ruwa ya biyo gonakin sama ya kwaso shi, ya zo wurinmu ya kwanta. Rana ta shanye ruwan ta bar shi. Bana ta bari, bara ta bari, har ƙasar ta ƙoshi ya fito fili. A littafi irin wannan sunansa alkali."

"Alƙali?" Ya dubi Inna. "Kin ji, alƙali ya sauka a gonata ban sani ba. To wa ya kai ƙara?"

Inna ba ta yi dariya ba. Na sake gwajin a gabansa, kofi bayan kofi. Da na zo kan toka da ƙasar gona, launinsu ya fito iri ɗaya, sai ya daina murmushi. Ya ɗauki kofunan biyu ya ɗaga su sama yana juyawa.

"Amma ga ruwa a gindinta," ya ce. "Me ya sa take naɗewa?"

"Baba, da a ce yanzu da aka kira sallah ruwan kanwa mai kauri aka miƙo maka, zai kashe maka ƙishi?"

Ya sake duban kofunan. Sannan a hankali ya ce, "Ƙara shi zai yi." Ya ajiye kofunan. "Wato masarata azumi take yi a cikin ruwa. To likita, mene ne magani?"

Na ce a cika gonar da ruwa ya narkar da abin, sannan a ba ruwan hanya ya fita da shi. In ba hanyar fita, ƙara taruwa zai yi. Ban ambaci magudana ba, ban ambaci albasa ba. Ba sai na ambata ba. Na ga lokacin da maganar ta isa inda za ta, don ya juya fuska wajen katangar da ta raba mu da gidan Baffa.

Baffa Sule shi ya riƙe Baba tun mahaifinsu ya rasu. Shi ya yi masa kaciya, shi ya nemo masa Inna. Baba da furfurarsa bai taɓa zama a kan tabarma ɗaya da shi ba. Duk da haka washegari bayan shan ruwa ya tashi ya nufi zauren Baffa, Inna kuma ta ɗora min kwanon kunu ta ce in bi shi, ta san kunnena take aika.

Na same su Baffa na bisa buzu, Baba a ƙasa. Baba ya yi gyaran murya ya ce, "Yaya, dama maganar ramin nan ne na tsakaninmu, da ruwa ke bi da..."

"Kai, ka ga albasar wurin kuwa?" Baffa ya katse shi, fuskarsa ta washe. "Duk gonata ba inda ya yi kamar nan. Na gaya wa yara, albasar nan ba tawa ba ce ni kaɗai, ita ce Sallarmu, gidana da gidanka. Tawa masarar ma ka ga ba ta da ƙarfi bana." Ya karɓi kunun a hannuna. "Uwani 'yar boko, ana ta karatu? Jibi ki fito ki ga aiki. Na samo jakai, har mutanen unguwar gabas sun ce za su zo, da azuminsu. Wallahi tun da na ga masarar nan taka ban yi barcin kirki ba. Ina raye ba za ka tafi dako ba."

Na zuba wa Baba ido.  Ya daɗe yana kallon ƙasa, sannan ya ce, "Allah ya saka da alheri, Yaya. Allah ya bar zumunci."

Ranar gayya tun da sassafe jakai suka fara jigila da mangaloli. Maza sun fito da yawa, kowa leɓensa a bushe, suna zolayar juna don su manta da ƙishi. Ba iska ko kaɗan, tokar da ta tashi sai ta tsaya a kan mutane, ta haɗu da gumi ta yi musu zane a fuska. Ina tsaye a bakin kanal da sauran 'yan mata. Har lokacin ina sa ran Baba zai ɗaga hannu ya ce a dakata. Sai na ga ya karɓi kwandon farko daga hannun Baffa, ya yi bisimilla, ya shiga tsakiyar masarar yana watsawa da hannunsa. Layi bayan layi, yana ɗingishi. Da aka gama ya bi mutane ɗaya-ɗaya yana godiya, bai tsallake ko yaran da suka koro jakai ba.

Na ji haushin Baba a ranar, haushin da ban taɓa ji ba. Na riga kowa komawa gida na kife littafin na shiga ɗaki. Da ya dawo yana wanke ƙafa a bakin rijiya, na fito na tsaya a kansa, abin da ban taɓa yi ba.

"Baba, ka fa gani da idonka."

"Na gani."

"To don me?"

Bai ɗago ba, ya ci gaba da cuɗa ƙafarsa. "Ki kawo min buta, Uwani, la'asar ta yi."

Bayan an ba gonar ruwa a kan tokar, masarar ba ta daɗe ba. Ganyen ƙasa ya fara bushewa, sai na sama. Cikin goman ƙarshe hadari ya haɗu a gabas, iska ta taso da ƙanshin ƙasa, muka fito da kwanoni da bokitai, aka yi yayyafi kaɗan ya ɗauke, zafin ya dawo ya fi na da. Baba ya sa lauje ya yanke karan ya kawo wa awaki. Baffa ya zo har tsakar gida, ya zauna a kan turmi, ya rufe fuska da hannun riga. Ya ce ya yi iya yinsa, Allah bai nufa ba. Baba ne ma ke ba shi haƙuri. Ana jibi Sallah Baffa ya aiko mana da albasa buhu guda, manya-manya, masu kyau. Da ita aka yi miyar Sallah. Na ci, don yunwa ba ta bar ni na yi zuciya ba, amma ina ci ina jin kamar in yi kuka.

Shekaru bayan haka aka zo da motar haƙa aka buɗe magudanun yankin gaba ɗaya, ba a tambayi kowa ba. Gonar ta farfaɗo, yanzu ƙannena ke noma shinkafa a cikinta. Baba kuwa a waccan shekarar ta gayya ya tafi dako, ya dawo daga kudu bayan kaka da sanda a hannu, bai ƙara riƙe fartanya ba har ya bar duniya.

Rana ɗaya muka bar gida ni da shi, bayan waccan Sallar da kwana kaɗan. Ni zan koma makaranta, shi zai tafi. Manoma na ta gyaran gona suna jiran ruwan shuka, shi yana ratsa su da ƙullin kaya a kafaɗa, suna yi masa Allah ya kiyaye hanya. Muka taka har bakin titin Zariya, yana gaba ina baya da akwatina a ka. Tun ranar gayya gaisuwa kawai ke haɗa mu. Motata za ta yi arewa, tasa kudu, don haka dole ɗaya ya tsallaka titi. Tawa ce ta fara zuwa. Ya karɓi akwatin ya miƙa wa yaron mota, ya tsaya har na zauna. Sannan ya matso jikin taga, ya dafa ƙarfen da hannunsa da toka ta tsattsage.

"Uwani."

"Na'am, Baba."

"In sun tambaye ki maganar alƙalin nan a jarrabawa, ki faɗa musu tiryan-tiryan yadda kika faɗa min. Kada ki rage komai. Su ba yayyenki ba ne."

Mota ta tashi. Na juya ina kallonsa ta gilashin baya, ya ɗauki ƙullinsa, ya duba dama da hagu, ya fara tsallaka titin yana jan ƙafar hagu.